Idan aka rushe kamfanin sufuri na gwamnati, wa zai biya ma'aikata haƙƙinsu?

Assalamu alaikum warahmatullah. Shugaban taro, malamaina, shugabannin ƙungiyoyin ƙwadago, 'yan uwa maza da mata, tambayar da aka ɗora mini ita ce: idan gwamnati ta rushe kamfaninta na sufuri, a wuyan wa albashi da giratuti da fanshon ma'aikata suke rataya? Zan amsa ta da labarin kamfanin jiragen sama na Nigeria Airways, domin babu misalin da ya fi shi fitowa da matsalar fili a ƙasar nan.

An kafa kamfanin a 1958, kuma daga 1961 ya zama mallakar gwamnatin tarayya ita kaɗai. Dattawan da ke nan sun san jiragensa masu tambarin giwa mai fukafukai, waɗanda suka yi shekaru suna jigilar alhazai daga Kano zuwa Jidda. Bashi da rashin iya tafiyarwa suka durƙusar da shi, ya daina tashi a 2003, aka rushe shi a 2004 zamanin Shugaba Olusegun Obasanjo. Ma'aikata kusan 6,000 ne suka wayi gari ba aiki.

A doka, kamfani mutum ne mai zaman kansa, bashinsa nasa ne, ba na mai hannun jari ba. Saboda haka idan aka rushe shi, sai a naɗa wanda zai tattara kadarori ya sayar, ya biya masu bin bashi bi da bi. Dokar kamfanoni ta 1990, a sashe na 494, ta sa albashin ma'aikata cikin basussukan da ake fara biya, ita ma dokar 2020 da ta maye gurbinta ta riƙe wannan a sashe na 657. Amma fifikon yana aiki ne a kan abin da ya rage a hannun kamfanin kawai, kuma kamfanin da ya kai ga rushewa da wuya a tarar da abin kirki a hannunsa. Idan kuɗin kadarori suka ƙare, mai rushewa ya rufe littafinsa, kamfanin da ma'aikaci zai kai ƙara babu shi a duniya. A nan ne ake samun damar cewa gwamnati mai hannun jari ce kawai, ba ita ta ɗauke ka aiki ba.

Ni ban yarda da wannan hujja ba, kuma dalilina yana cikin kundin tsarin mulki na 1999. Sashe na 318 ya lissafa ma'aikatan duk kamfanin da gwamnatin tarayya ke da rinjayen hannun jari a cikinsa a matsayin ma'aikatan gwamnati, sashe na 173 kuma ya hana a riƙe wa ma'aikacin gwamnati fansho ko giratutin da ya cancanta, ko a canza shi ta hanyar da za ta cutar da shi, sai bisa doka. Gwamnati ce ta naɗa shugabannin kamfanin, ita ta zaɓi ranar rufe shi, ita ta yanke yadda za a yi da filayensa da gine-ginensa. Wanda ya riƙe dukkan wannan iko bai kamata ya ce nauyin na wani ne ba. Mu a al'adarmu da addininmu, ba a raba gado sai an biya bashin mamaci, kuma magajin da ya kwashe dukiya ya bar masu bin bashi a ƙofar gida kowa ya san sunansa.

A aikace gwamnati ta amsa cewa nauyin nata ne, sai dai ta amsa a makare kuma gutsure-gutsure. A zamanin marigayi Umaru Musa 'Yar'aduwa an biya tsofaffin ma'aikatan fanshon shekara 5. A 2017 aka amince da kimanin naira biliyan 45, bayan an tace lissafin da ya kai biliyan 78 a farko, sannan a watan Satumbar 2018 Shugaba Muhammadu Buhari ya ba da umarnin sakin biliyan 22.68, wato rabin kuɗin. Aka buɗe wuraren tantancewa a Legas da Kano da Inugu.

Ina so ku tsaya a kan abin da tantancewa take nufi bayan shekara 14. Tsoho ne zai zo da fayil da ya koɗe, a ciki akwai takardar ɗaukar aiki da ta ƙarin girma da katin shaida na kamfanin da babu shi, ya zauna a layi yana jiran a kira lambarsa. Kusa da shi matar abokin aikinsa ce da mijinta ya rasu, ana neman ta kawo takardar shaidar mutuwa da ta kotu mai tabbatar da magada kafin a saurare ta. Ko wanda aka biya ma an rage masa, domin a 2004 dala ɗaya tana wajen naira 133, a 2018 kuwa ta haura 300 ko a farashin gwamnati. Jinkirin da kansa zaftare haƙƙi ne, ko da an biya adadin da ke rubuce cif-cif.

Akwai masu cewa da hannun ma'aikata a mutuwar kamfanin. Idan an samu wanda ya ci amana, kotu tana nan, a gurfanar da shi da sunansa. Laifin wasu manya ba ya soke giratutin makanike ko mai sayar da tikiti, domin giratuti lada ne na aikin da aka riga aka yi.

Tun gyaran kundin tsarin mulki na 2010, sashe na 254C ya ba kotun ma'aikata ta ƙasa hurumin sauraren irin wannan ƙara, amma samun hukunci daban, karɓar kuɗi daga baitulmali daban. Shi ya sa nake kira ga shugabannin ƙwadago da ke nan, musamman na kamfanonin motocin safa na jihohi da na jirgin ƙasa, su yi gwagwarmayarsu kafin a rufe ƙofa. Duk takardar da za ta rushe kamfani ta ambaci ma'aikatar da za ta gaji bashin ma'aikata da sunanta, a kammala lissafin kowane mutum tun fayiloli suna ofis, kuma a ware kuɗin sallama a asusu na musamman kafin a miƙa wa mai saye ko da fili ɗaya. Shugaban taro, a nan zan dakata domin a yi tambayoyi. Wassalamu alaikum.