Wa Ke Riƙe da Sikeli? Bikin AMVCA da Matsayin Fim ɗin Hausa

Assalamu alaikum. Shugaban wannan zama, malamaina, ɗalibai, da 'yan masana'antar fim da suka baro wuraren ɗaukarsu suka zo, barkanmu da war haka. An nemi in yi magana a kan bikin karrama finafinai da shirye-shiryen talabijin da ake kira AMVCA, kuma zan tsaya ne a kan tambaya ɗaya: idan aka miƙa wa mutum lambar yabo a wannan dandali, wane ne ya auna aikinsa, kuma da wane sikeli?

Kamfanin MultiChoice, mai DStv da tashoshin Africa Magic, shi ne ya kafa bikin, aka yi na farko a Legas cikin watan Maris na 2013. Duk da cewa sunansa na nahiyar Afirka ne, a Legas ake yin sa, kuma finafinan Najeriya ne suka fi kwashe kyaututtukan, shi ya sa jama'a suke ɗaukarsa a matsayin babban bikin fim na ƙasar nan. Ba a yi shi a 2019 da 2021 ba, don haka sai a 2024 aka kai karo na 10.

Tun daga farko an raba kyaututtukan gida biyu. Akwai waɗanda masu kallo ke zaɓa ta hanyar jefa ƙuri'a a intanet, akwai kuma waɗanda kwamitin alƙalai, wato ƙwararrun da suka san sana'ar, ke yanke hukunci a kansu, kamar ɗaukar hoto, tace hoto, sauti, haske da rubutun labari. Waɗannan sikeli biyu ba abu ɗaya suke aunawa ba. Ƙuri'ar jama'a tana auna yawan masoya, da yawan waɗanda ke da waya da kuɗin data, da kuma ƙwazon jarumi wajen roƙon ƙuri'a a Instagram. Ba na raina wannan, domin farin jini ma dukiya ce a harkar fim, kuma furodusa ba zai sa kuɗinsa a kan fuskar da ba a so ba. Amma jarumar da ta yi rawar gani a ƙaramin fim, wadda mabiyanta ba su taka kara sun karya ba, ta faɗi tun kafin a buɗe zaɓe. Masu shirya bikin sun gane haka, domin a 2024 sun karɓe kyaututtukan manyan jarumai da mataimakansu daga hannun masu kallo suka mayar wa alƙalai, kuma a ganina wannan gyara ne da ya dace.

To, ina fim ɗin Hausa ya tsaya a cikin wannan tsari? Shekaru da dama muna da rukuninmu na kanmu, kamar yadda Yarbanci da Ibo da Suwahili suke da nasu. A nan ne shirin Daɗin Kowa na tashar Arewa24 ya yi nasara a 2016, fim ɗin Mansoor na Ali Nuhu ya yi a 2018, sai kuma Aisha na Abubakar Bashir Maishadda a 2023. Wannan rukuni ya yi mana amfani, domin duk shekarar da aka yi bikin akwai tabbacin za a kira sunan aikin Hausa a gaban nahiya baki ɗaya. Sai dai mu faɗa wa kanmu gaskiya: ya zame mana kamar ɗakin baƙi a zauren gida, an shimfiɗa mana tabarma an kawo mana ruwa, amma cikin gida, inda ake rabon kyautar gwarzon fim da gwarzon darakta, ba kasafai ake jin sallamarmu ba.

A 2024 kiɗa ya sauya. Aka rushe rukunan harsuna ɗaya-ɗaya, aka mayar da su na yankuna, wato Afirka ta Yamma, ta Gabas da ta Kudu. Ma'anar haka ita ce fim ɗin da aka shirya a Kano zai kara kai tsaye da na Yarbanci da na Ibo da na sauran harsunan yankin a kan kambu guda. Wanda ya lashe a waccan shekarar shi ne Jagun Jagun na Femi Adebayo, fim ɗin Yarbanci da aka kashe wa maƙudan kuɗi kuma aka nuna a Netflix. Na ji 'yan'uwa da yawa suna cewa an yi mana ƙwace. Ni ban kira shi ƙwace ba, amma na yarda cewa an haɗa kokawa tsakanin wanda ya ci ya ƙoshi da wanda ya kwana da yunwa.

Yunwar kuwa tana da asali. Kasuwar faifai da ta riƙe Kannywood ta durƙushe saboda satar fasaha da tura finafinai ta waya, gidajen sinima a Arewa ba su da yawa, sai masu shiryawa suka koma finafinai masu dogon zango a YouTube da tashoshin talabijin. Wanda dole ne ya fitar da sabon kashi kowane mako ba shi da sukunin kwana uku yana gyara hasken fitowa ɗaya, kuma sauti shi ne abin da ya fara shan wahala. Alƙali kuwa da kunne yake fara hukunci kafin ido.

Kada kuma wani ya ce harshen ne matsalar. A 2019 an cire fim ɗin Lionheart na Genevieve Nnaji daga takarar Oscar ta finafinan ƙasashen waje saboda yawancin maganganunsa da Turanci ne. Fim ɗin da Najeriya ta tura bayansa, The Milkmaid, mafi yawansa da Hausa aka yi shi, kuma a kansa ne Maryam Booth ta samu kyautar mataimakiyar jaruma a AMAA, wani bikin karrama finafinan Afirka na daban, a 2020. A 2024 ma fim ɗin Hausa, Mai Martaba, aka zaɓa ya wakilci ƙasar. Ashe a idon duniya Hausar jari ce.

Abin da ya fi damuna, kuma ina roƙon ɗaliban harshe da ke nan su saurara, shi ne fassarar da ake rubutawa a ƙasan allo. Alƙalin da ba ya jin Hausa ba maganar marubucinmu yake aunawa ba, maganar mai fassara yake aunawa. Uwa ta yi wa surukarta habaici mai ratsa ƙashi, ko dattijo ya jefa karin maganar da ta kashe bakin kowa, sai a rubuta wani guntun Turanci mai karyayyar ƙafa wanda ba ya ɗauke da zafin ko daɗin. Kunyar da take sa uwa ta ƙi kiran sunan 'yarta ta fari, mu mun san ƙauna ce, amma baƙo zai ɗauka sanyin wasa ne idan ba a yi dabarar nuna masa ba. Sau da yawa sai an gama komai, ana gobe za a rufe karɓar finafinai, sannan a nemo wani yaro ya yi fassarar cikin dare, alhali ba a fafe gora ranar tafiya. Kamata ya yi kuɗin mai fassara ya shiga kasafin fim tun ranar da aka sa na mai ɗaukar hoto, a ba shi rubutun labarin ya zauna da marubuci, su yi gardama a kan kowane habaici har sai sun samo abin da zai tsaya a madadinsa.

Shugaba, na ga takardar da aka miƙo mini cewa lokaci ya yi. Akwai hannu biyu a baya da aka ɗaga tun ina maganar ƙuri'a, sai mu fara da su.