Amsoshin Tambayoyinku: Kaɗaici a gajerun finafinan Girka

Jama'a barkanmu da war haka. Wasiƙar farko a yau ta fito ne daga wata malamar makaranta a Damagaram. Ta ce ta kalli gajerun finafinan ƙasar Girka da dama, kuma kusan kullum sai ta ga mutum shi kaɗai a ɗaki, gari cike da jama'a amma babu mai ce masa sannu. Tana tambaya, me ya kawo haka?

To malama, tushen abin yana cikin yadda aka gina Athens, babban birnin ƙasar. Bayan yaƙin basasar da ya ƙare a 1949, mutanen ƙauye suka yi ta kwararowa birnin neman abinci. Mai fili sai ya miƙa wa ɗan kwangila filinsa, a rushe tsohon gida mai tsakar gida, a tayar da bene, a biya shi da sashe ɗaya ko biyu a ciki. Haka unguwanni irin su Kypseli suka koma benaye manne da juna, babu zaure, babu dakalin hira. Kana jin tarin maƙwabcinka ta bango, ba ka san sunansa ba.

Sai bashi ya durƙusar da ƙasar daga 2010. A 2013 fiye da rabin matasan da ke neman aiki ba su da shi. Dubbai suka tafi Jamus da Ingila, suka bar tsofaffi a waɗannan benaye. Wannan ɓangaren ne ya fi sosa mini rai, musamman in aka nuna watan Agusta, lokacin da kowa ke tafiya ƙauyensu ko tsibirai, shaguna a rufe, tsohuwa na zaune a baranda tana ba shukokinta ruwa.

Matasan masu shirya fim kuwa ba su da kuɗi. Gajeren fim ba ya cin komai sosai: ɗaki ɗaya, 'yan wasa biyu, kyamarar aro. Abin da ke gabansu shi suka ɗauka. Suna kai aikinsu bikin gajerun finafinai na garin Drama da ke arewacin ƙasar, wanda aka fara tun 1978. A 2019 ɗayansu, Vasilis Kekatos, ya ci babbar kyautar gajeren fim a bikin Cannes na Faransa, da labarin baƙi biyu da suka haɗu da dare a gidan mai.

Malama, mun gode da wasiƙarki, a gaida ɗalibai.