Jawabin Maraba ga Mai Girma Jakada daga Malamai da Ɗaliban Sashen Hulɗar Ƙasa da Ƙasa

Mai girma babban baƙonmu, Jakada, ranka ya daɗe. Shugaban taro, shugabannin sassa, malamai, ɗalibai da sauran manyan baƙi, assalamu alaikum.

A madadin malamai da ɗaliban wannan sashe muna yi maka barka da zuwa, kai da 'yan tawagarka. Sannunku da hanya. Mun san aiki ya yi maka yawa, amma ka ware mana wannan rana, Allah ya saka da alheri.

Mun roƙe ka ka yi mana magana a kan amanar da ke wuyan jami'in diflomasiyya. Kafin ka hau mumbari, bari mu shimfiɗa maka inda muka tsaya, ka gyara mana inda muka karkace. A fahimtarmu, yawancin wannan amana tana cikin takardu biyu ne: rahoton da jami'i ke aikawa gida, da yarjejeniyar da ake sa hannu a gabansa. A nan ne ake ceton rayuka, a nan ne kuma ake salwantar da su, tun kafin a kai ga jawabin zauren Majalisar Ɗinkin Duniya.

Doka ta riga ta ɗora harsashi. Yarjejeniyar Viyana ta 1961 ta ba jakada kariya mai ƙarfi: ba a kama shi, ba a shiga ofishinsa sai da izininsa, ba a buɗe jakar saƙonsa. Sashe na 41 kuma ya wajabta masa bin dokokin ƙasar da yake zaune, ya hana shi tsoma baki a harkokinta na cikin gida. Idan ya saɓa, abin da ƙasar za ta iya kaɗan ne: ta ce ba ta son zamansa, bisa sashe na 9, ko ta nemi ƙasarsa ta janye masa kariya, bisa sashe na 32. A Afrilun 1984 an harbe 'yar sanda Yvonne Fletcher daga cikin ofishin jakadancin Libiya a Landan. Birtaniya ta yanke hulɗa da Libiya, waɗanda ke cikin ginin suka fice daga ƙasar ba a gurfanar da su ba. Mutumin da kotu ba ta iya taɓa shi, halinsa ne kaɗai linzaminsa, shi ya sa zaɓen wanda za a tura ya zama wani ɓangare na amanar.

Batun rahoto kuwa, ba mu da darasin da ya kai na Ruwanda nauyi. Ranar 11 ga Janairun 1994, kwamandan rundunar kiyaye zaman lafiya ta Majalisar Ɗinkin Duniya a Ruwanda, Janar Romeo Dallaire, ya aika saƙo hedikwata. Wani na cikin masu horar da 'yan daba ya tsegunta masa cewa ana rubuta sunayen 'yan ƙabilar Tutsi a Kigali, babban birnin ƙasar, an ɓoye makamai, kuma mutanen da aka horar za su iya kashe mutum 1,000 cikin minti 20. Ya nemi ya kai samame maɓoyar makaman. Amsar da ta dawo ita ce hakan ya wuce hurumin da aka ba rundunar, ya sanar da shugaban Ruwanda, Habyarimana, da ofisoshin jakadancin Beljiyam, Faransa da Amurka. A Afrilu kisan ƙare dangi ya fara, aka kashe sojojin Beljiyam 10 na cikin rundunar, Beljiyam ta janye dakarunta. Ranar 21 ga watan, Kwamitin Sulhu ya zartar da ƙuduri mai lamba 912, ya rage rundunar daga kusan 2,500 zuwa 270. Cikin kwana kusan 100 an kashe mutum wajen 800,000.

Wanda ke fagen ya faɗi gaskiya a kan lokaci. Inda abin ya lalace shi ne a hanyar da rahoton ya bi: an karanta shi da idon abin da hurumi ya yarda, ba a kai shi gaban Kwamitin Sulhu a nemi sabon hurumi ba. Saboda haka muke koya wa ɗalibanmu tsarin rubuta irin wannan saƙo. Layin farko ya ɗauki mafi munin labarin, kada a binne shi a sakin layi na bakwai. A raba abin da jami'i ya gani da idonsa da abin da aka gaya masa, a faɗi matsayin majiyar da abin da take nema a madadin bayaninta. A faɗi matakin da ake so a ɗauka, da wanda ke da ikon ɗaukarsa, da ranar da matakin zai daina amfani. Idan aka ƙi, a sake rubutawa, a nemi a ba da amsar a rubuce. Jarabawar da ta fi kayar da jami'ai ita ce tausasa labari don sun san abin da na sama ke son ji, kuma wannan cin amana ne ko da babu ƙarya ko ɗaya a cikin takardar.

Sai teburin sulhu. Ranka ya daɗe, ka fi mu sanin cewa mai shiga tsakani ba ya zaɓen waɗanda zai zauna da su. Wanda ke riƙe da bindiga shi ne zai iya ajiye ta, don haka zama da mai jini a hannu ba laifi ba ne. Tambayar ita ce me za a ba shi. A Lome, babban birnin Togo, a Yulin 1999, yarjejeniyar Saliyo ta yi wa mayaƙa afuwa baki ɗaya, ta ba madugun 'yan tawaye Foday Sankoh matsayi daidai da na mataimakin shugaban ƙasa, ta kuma sa shi shugabancin hukumar da ke kula da ma'adinai, alhali lu'ulu'u ne ke ciyar da yaƙin. Wakilin Majalisar Ɗinkin Duniya ya sa hannu, amma ya ƙara bayani cewa Majalisar ba ta ɗauki afuwar ta shafi kisan ƙare dangi, laifukan yaƙi da laifukan cin zarafin bil'adama ba. A Mayun 2000 'yan tawayen suka yi garkuwa da dakarun kiyaye zaman lafiya kusan 500. Daga baya aka kafa kotu ta musamman, wadda ta yanke cewa afuwar Lome ba ta hana ta shari'a ba. Wannan ɗan bayanin da aka ƙara ya nuna iyakar da mai shiga tsakani ba zai tsallake ba, komai matsin da yake sha na a gama a tashi.

Yawancin yarjejeniyoyin tsagaita wuta da ke rushewa, a ƙananan abubuwa suke tuntuɓe. Dole takarda ta faɗi rana da sa'ar da wuta za ta tsaya, da agogon da za a bi, a kuma bar isasshen lokaci umarni ya isa ga kwamandojin da ke daji. A haɗa taswira mai nuna inda kowace runduna ta tsaya, kowane ɓangare ya sa hannu a kanta. A jera abubuwan da aka hana ɗaya bayan ɗaya: dasa nakiya, ɗaukar sababbin mayaƙa, kai makamai gaba, tare motocin agaji. A kafa kwamitin sa ido na haɗin gwiwa da ke da motoci da ikon zuwa wurin da aka kai ƙara ba tare da neman izini ba. Sannan a rubuta wanda zai ciyar da mayaƙan da aka tara a sansani, da na tsawon wata nawa, domin mayaƙin da aka bari da yunwa ga bindigarsa zai koma. Mai shiga tsakanin da ya ga waɗannan giɓi ya yi shiru don a samu hoton musabaha, yana da kaso a jinin da zai biyo baya.

Alƙawari kaya ne. A 1993 Kwamitin Sulhu ya ayyana Srebrenica a Bosniya a matsayin tudun mun tsira, ba tare da ƙarfin da zai kare ta ba. Jama'a suka dogara da wannan kalma, a Yulin 1995 aka kashe maza da yara maza sama da 8,000. Wannan da na Ruwanda suka sa shugabannin duniya suka amince a 2005 cewa kare al'umma daga kisan ƙare dangi da makamantansa nauyi ne a kan kowace gwamnati, idan ta gaza kuma ya koma kan sauran ƙasashe ta hanyar Kwamitin Sulhu. Amma a Libiya a 2011, ƙuduri mai lamba 1973 ya ba da izinin kare farar hula, yaƙin ya ƙare da kifar da gwamnati. Rasha da Sin, waɗanda suka ƙaurace wa ƙuri'ar, suka ce an zarce hurumi, kuma daga Oktoban wannan shekarar suka fara hawa kujerar na-ƙi a kan ƙudurorin Siriya. Muna ganin wanda ya shimfiɗa izini fiye da abin da aka rubuta ya cuci waɗanda za su buƙaci irin wannan izini gobe.

Ranka ya daɗe, muna da buƙatu biyu. Ta farko, ka bayyana wa ɗalibanmu abin da jami'i ke yi idan umarnin da ya zo daga gida ya ci karo da lamirinsa: yaushe zai rubuta saɓanin ra'ayi ya ci gaba da aiki, yaushe zai nemi a sauya masa wuri, yaushe ne ajiye aiki ya zama wajibi. Ta biyu, ka taimaka mana wajen samo gogaggun jami'ai da za su riƙa zuwa suna jagorantar darasin gwaji, inda ɗalibai za su rubuta rahoto da daftarin tsagaita wuta a gyara musu layi bayan layi.

Muna sake yi maka maraba, muna roƙon Allah ya ƙara lafiya, ya mai da ku gida lafiya. Mai girma Jakada, bismillah, ga mumbari.