Abin da ke bayan jan labule a gidan wankan Japan

Labule biyu ne rataye a ƙofar shiga. Shuɗin na maza ne, jan kuma na mata. Nan ne sento, gidan wankan unguwa a Japan.

A wani fim da Ryota Nakano ya fitar a 2016, Rie Miyazawa ta fito a matsayin uwar da ciwon daji ya ci ƙarfinta. Da ta ji sakamakon asibiti, sai ta nemo mijinta da ya gudu, ta sa aka sake hura wutar gidan wankan iyalinsu da ke rufe. Mai kallo zai ce, ana ta kai wa yake ta wanka?

To, ba wankan kaɗai ake zuwa yi ba. Mace za ta biya kuɗi, yen 550 ne a Tokiyo a 2024, kuma hukuma ce ke ƙayyade farashin. Za ta tuɓe, ta zauna a 'yar kujera ta cuɗa jikinta tas, sannan ta shiga kwamin ruwan zafi tare da sauran mata. Sabulu ba ya shiga ruwan nan, tawul ma haka.

Na san tsiraicin ne ya tsaya muku a rai. Su kuwa har suna suka ba shi, hadaka no tsukiai, wato zumuncin da babu tufa a tsakani. Matar attajiri da mai shara duk ɗaya suke a cikin tururi. Wannan ta cuɗa wa waccan baya, a taɓa tsadar kayan miya, a yi gulmar suruka. Tsohuwar da ke zaune ita kaɗai a gida, idan aka kwana biyu ba a gan ta ba, a nan za a fara cigiyarta. A tsoffin gidajen, katangar da ta raba maza da mata ba ta kai rufi ba, don haka mace kan ɗaga murya ta shaida wa maigida ta gama.

A 1968 gidajen sento sun kusa 18,000. Da kowa ya samu banɗakin wanka a gidansa, sai aka yi ta rufe su, yau ba su kai 2,000 ba. Shi ya sa a fim ɗin, da hayaƙi ya sake tashi daga dogon bututun gidan, maƙwabta suka ɗauko tawul.