Jan Decleir: Tsohon Da Yara Ke So, Manya Ke Shakka

Ku dubi wannan dattijon da kyau. Farin gemu har ƙirji, jar alkyabba, doguwar hula irin ta bishop, ga sanda a hannu. Duk yaron da ya tashi a arewacin Beljiyam daga shekarun 1990 zuwa yanzu ya san shi: Sinterklaas ne, waliyyin da ake cewa yana zuwa daga Sifen a jirgin ruwa, yana ajiye wa yara kyauta a cikin takalma kafin wayewar garin 6 ga Disamba.

To yanzu ku dubi wannan. Baƙar riga, fuska a murtuke, ma'aikacin kotu ne da ke watso kayan talakawa waje idan sun kasa biyan haya. Ko ɗan da ya haifa bai tsira daga muguntarsa ba.

Mutum ɗaya ne fa. Sunansa Jan Decleir.

An haife shi ranar 14 ga Fabrairun 1946 a Niel, wani ƙaramin gari kusa da birnin Antwerp. Yankin nasu shi ake kira Flanders, mutanensa sun haura miliyan shida, kuma yaren Dutch suke yi kamar maƙwabtansu na Holan, kodayake da nasu karin harshen. Ku riƙe wannan, domin ɗan wasan da ke aiki da yaren da ba ya nisa, kasuwarsa ƙarama ce, dole ya iya dandamali, ya iya talabijin, ya iya fim.

Ya yi karatun wasan kwaikwayo a Studio Herman Teirlinck da ke Antwerp. A 1971 ya fito a fim ɗin Mira, sunansa ya fara zagawa. Wani da ya samu wannan dama sai ya bi kyamara kawai. Shi kuwa sai ya shiga wata ƙungiya ta matasa masu ra'ayin 'yan ƙwadago, Internationale Nieuwe Scène. A 1972 suka ɗauko Mistero Buffo na Dario Fo, marubucin Italiya wanda daga baya ya ci kyautar Nobel a 1997, suka mayar da shi harshensu, mawaƙi Wannes Van de Velde ya taimaka da waƙoƙin.

A nan ya kamata mu ɗan tsaya. Fo ya gina aikinsa ne kan 'yan kaman Turai na zamanin da, masu tsayawa a kasuwa suna yi wa sarakuna da manyan coci shaguɓe cikin raha. Decleir ya sha wannan salon har ya ƙoshi, daga baya ya riƙa hawa dandamali shi kaɗai da labaran Fo. Ba kayan ado, ba abokin wasa. Ya juya kafaɗa ya zama maigida, ya ranƙwafa ya zama bara, ya buɗe murya ya zama damisa. A ganina duk abin da ya yi daga baya a gaban kyamara, daga nan ya samo tushe: jiki da murya, sai kuma sanin lokacin da za a yi shiru.

Talabijin ta kai shi gidajen Holan a 1976, lokacin da ya ja ragamar shirin Sil de Strandjutter, labarin wani mai tsintar kayan da teku ke amayarwa a gaɓa.

Sai shekarun 1990, lokacin da kakarsa ta yanke saƙa. A 1992 ya fito a matsayin Adolf Daens, limamin Katolika na garin Aalst wanda ya tsaya wa ma'aikatan masaƙu a ƙarshen ƙarni na 19 har manyan cocinsa suka juya masa baya. Fim ɗin ya shiga takarar Oscar. Bayansa wasu finafinan Holan guda biyu da ya fito a ciki suka ɗauke kyautar gaba ɗaya a rukunin harsunan waje: Antonia a 1996, da Karakter a 1998, inda ya zama wancan mugun ma'aikacin kotun, Dreverhaven.

Duk da haka bai saki dandamali ba. A 1997, a birnin Gent, marubuci Tom Lanoye da darakta Luk Perceval suka haɗe wasannin Shakespeare na sarakunan Ingila suka mayar da su wasa guda, Ten Oorlog, wanda ake wuni ana kallo. Decleir ne ya zo a ƙarshe a matsayin Sarki Richard na Uku, bakinsa cike da ashar da gauraye-gaurayen harsuna. A tsakanin shekarun ne kuma ya koma makarantar da ta horar da shi, wannan karon a matsayin shugaba, yana koyar da na baya yana ba su umarni.

Abin dariyar shi ne, a daidai wannan lokacin, da Nuwamba ta kama, sai ya manna gemu. Shirin Dag Sinterklaas na gidan talabijin ɗin gwamnati, wanda Hugo Matthysen ya rubuta, ya nuna waliyyin a cikin gidansa, tsoho mai ɗan rigima da son a girmama shi, mai gabatar da shirye-shirye Bart Peeters yana kai masa ziyara. Dokin waliyyin ma sunansa Slecht Weer Vandaag, wato yau gari ba kyau. An yi ta maimaita shirin shekara da shekaru, har waɗanda suka kalle shi suna yara suka zaunar da nasu 'ya'yan a gabansa.

A 2019 ya ajiye sandar Sinterklaas, ɗan wasa Wim Opbrouck ya karɓa. A lokacin Decleir yana da shekara 73, wato ya kusa kai shekarun da ba sai an yi masa kwalliyar tsufa ba.