Ba Sa Jin Muryarka a Gem? Mu Bi Sawunta Daga Baki Zuwa Kunne

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da sake haɗuwa.

Kun shiga fili ku huɗu. Ka hango abokin gaba ya laɓe a bayan gini, kana ta ihu, "Ga shi nan ta hagunku! Ta hagu!" amma ko mutum ɗaya bai waiwaya ba. Sai da aka kwashe ku kaf sannan wani ya rubuto maka, "Wai kai ba ka magana ne?" Ashe tun da aka fara wasan kai kaɗai kake jin kanka.

A nan ne da yawa ke goge gem ɗin su sake sauke shi, wasu kuma su yanke hukuncin cewa hedfon ya mutu. Ku dakata tukuna. Murya tafiya take yi: daga baki ta shiga makirufo, ta bi waya ko iska ta isa na'ura, na'urar ta miƙa wa gem, gem ya ɗora ta a intanet har kunnen abokinka. Aikinmu shi ne gano zangon da ta maƙale.

Kafin komai, rufe gem ɗin ka naɗi muryarka. A Windows akwai manhajar naɗar sauti da ke zuwa da shi, a waya kuwa saƙon murya ya wadatar. Yi magana ta daƙiƙa goma, sannan ka ɗan ƙwanƙwasa kan makirufon da farce. Idan ka saurara ka ji maganar amma ƙwanƙwasar ba ta fito da ƙarfi ba, to wani makirufo ne daban ke sauraronka, wataƙila na jikin laftof ko na kyamara. Idan komai ya fito raɗau, kayanka lafiya lau suke, matsalar tana gaba. Idan shiru ne, gem ba shi da laifi ko kaɗan.

Mu fara da shirun. Duba maɓallin kashe murya da ke jikin wayar hedfon. Wasu hedfon ɗin da zarar ka ɗaga sandar makirufon sama sun kashe shi, wasu kuma sandar cirewa ake yi, kuma sai ka tura ta sosai take zama. A hannun PlayStation 5, wato DualSense, akwai ɗan maɓalli a ƙasan tambarin PS. Idan yana haske ruwan lemo, bakinka a rufe yake. Kada ka ji kunya idan wannan ne, babu wanda bai taɓa faɗawa ba.

Yanzu zaro filogin ka dube shi da kyau. Ƙirga baƙaƙen zobban da ke jikinsa. Zobe biyu na nufin layi uku: kunnen hagu, kunnen dama, da layin da suke tarayya a kai. Babu hanyar makirufo a ciki sam. Zobe uku shi ne mai layi huɗu, na huɗun na makirufo ne. Waya, laftof na zamani da hannun gem suna da kafa ɗaya mai karɓar mai zobe uku. Babbar kwamfutar tebur kuwa yawanci kafa biyu gare ta, koriya ta kunne, ruwan hoda ta makirufo. Ka soka mai zobe uku a koriyar, za ka ji sauti garau, har ka rantse komai daidai ne, alhali muryarka ba ta da ƙofar fita. Maganinsa 'yar waya ce mai raba filogi ɗaya zuwa biyu. Amma a kula, akwai wadda ke raba sauti don mutum biyu su saurara tare. Kamanninsu ɗaya, aikinsu daban. Nemi wadda aka zana hoton makirufo a reshe ɗaya.

Akwai kuma wani tsohon rikici. Masu zobe ukun ma iri biyu ne, CTIA da OMTP, kuma bambancinsu kawai an musanya wurin layin makirufo da na tarayya. Kusan duk kayan yau, har da hannun Xbox, CTIA suke bi. OMTP na tsofaffin wayoyin Nokia da Sony Ericsson ne. Alamar rashin jituwarsu ba ta ɓuya: sauti zai fito kamar daga cikin rijiya, amma da ka danne maɓallin amsa kira sai ya washe.

To, a ce waya da filogi lafiya. Mu shiga Windows, domin a nan gizo ya fi yin saƙa.

Tun sabuntawar Windows 10 ta watan Afrilun 2018, akwai saitin sirri da ke iya hana manhajoji taɓa makirufo gaba ɗaya. A Windows 11 shiga Settings, sai Privacy & security, sai Microphone. Kunna na sama, sannan ka gangara ƙasa, domin akwai wani na daban da aka ware wa manhajojin tebur, kuma gem ɗin da ka sauke daga Steam ko Epic a ƙarƙashinsa suke. Mutane kan kunna na farko su fita, na biyun yana nan a kashe. Wasu manhajojin kariya daga ƙwayar cuta ma suna da irin wannan shinge nasu na kansu.

Sai abin da na fi so ku riƙe a duk bidiyon nan. Danna madannin Windows tare da R, rubuta mmsys.cpl, ka shiga shafin Recording. Dubi yawan makirufon da ke jere: na laftof, na kyamara, na hannun gem idan yana jone da USB, da waɗanda ba su da jiki ma, irin waɗanda Steam ko NVIDIA Broadcast ke ƙirƙira. Yi magana, ka ga wanne ne koren ma'auninsa ke tsalle. Windows ba zaɓaɓɓe ɗaya yake ajiyewa ba, biyu ne: Default Device da Default Communication Device. Wani gem ɗin na farko yake ɗauka, wani na biyu. Shi ya sa za ka ga manhajar hira ta Discord tana jinka, gem kuma ya yi kunnen uwar shegu da kai. Danna dama a kan makirufonka ka ba shi muƙaman biyu duka. Waɗanda ba ka amfani da su kuwa, ni shawarata ka kashe su, ka huta da ruɗani. Bayan haka rufe gem ka sake buɗewa, don da yawa sau ɗaya suke karanta jerin na'urori, lokacin tashi. Dalilin da ya sa jona hedfon bayan an riga an shiga wasa yakan zama aikin banza ke nan.

Kana wurin, buɗe Properties. A Levels ɗaga ƙarfin makirufon, amma ka yi hattara da Microphone Boost. Yakan kai har desibel 30, kuma ba muryarka kaɗai yake ƙarawa ba, har da shuuu ɗin da ke bayanta da ƙarar fanka. Gara ka matso da makirufon kusa da gefen baki da ka ƙara masa ƙarfi. A gefe na ce, ba saitin hanci ba, kada abokanka su kwana suna sauraron numfashinka. A Advanced cire alamar da ke ba manhaja ɗaya damar mallake na'urar ita kaɗai, sannan ka sa ingancin sautinsa a 48000 Hz, wanda shi ne ma'aunin da Opus, tsarin matse murya da Discord ke amfani da shi, ke tafiya a kai. Idan kuma sautin gem yana dusashewa duk lokacin da aka fara hira, je shafin Communications. Windows yana zuwa da umarnin rage sauran sautuka da kashi 80 cikin 100 idan ya zaci kira kake yi. Zaɓi Do nothing.

Bari mu yi maganar Bluetooth, don ana zaginsa a kan abin da haka aka gina shi. Hedfon na Bluetooth da aka saba da shi hanya biyu gare shi. Ta farko, A2DP, ita ce ta sauraro: sauti mai kyau a kunne biyu, amma zuwa kawai take yi, ba ta dawowa da murya. Ta biyu, HFP, don kiran waya aka yi ta: tana kai murya tana kawowa, amma sautin ya koma guda, ingancinsa ya faɗi zuwa kilohaz 8 ko 16. Da zarar gem ya buɗe makirufo, hedfon zai sauka daga ta farko ya hau ta biyu. Nan take sautin wasan zai koma kamar tsohuwar rediyo, kuma ka daina gane ta wane ɓangare takun sawu ke zuwa, wanda a gem ɗin harbi shi ne rabin rayuwarka. Babu direban da za ka sabunta ya gyara wannan. Abin yi shi ne ka bar Bluetooth ɗin a kunne kawai, ka zaɓi wani makirufo daban don magana, ko ka koma mai waya, ko mai ɗan USB ɗinsa na gigahaz 2.4. PlayStation 5 da Xbox ba sa karɓar irin wannan hedfon kai tsaye ma. Nintendo Switch ya fara karɓarsa a Satumbar 2021, amma don sauraro kawai, ban da makirufo.

Idan naɗin da ka yi da farko ya fito lafiya, to cikin gem ɗin za mu leƙa. Duba wane makirufo ya zaɓa, sannan ka duba ko sai an danna maɓalli ake magana. A Valorant, misali, V na 'yan ƙungiyarka ne, U kuma na waɗanda kuka shigo tare. Ka danna wanda ba shi ba, ka yi ta zuba ga mutanen da ba sa nan. A Xbox da PlayStation, muddin kana cikin hirar Party, mutanen cikin wasan ba za su ji ka ba sai ka sauya. A PUBG Mobile da Call of Duty Mobile alamar lasifika daban, ta makirufo daban, kowacce da zaɓinta.

Masu Discord, abu biyu. Idan maɓallin magana yana aiki a waje amma ya mutu da ka shiga wasa, mai yiwuwa gem ɗin yana gudana da izinin Administrator, Discord kuma ba shi da shi, don haka Windows ba ya bari ya ga abin da kake dannawa. Buɗe Discord ɗin da irin wannan izinin. Idan kuma farkon kalmominka ne ke guntulewa, ma'aunin da ke tantance ko magana kake ya yi tsauri. Kashe na atomatik, ka ja shi da hannu. Kuma kada ka tara masu tace hayaniya, Krisp a Discord, wani a manhajar hedfon, wani a cikin gem. Kowanne zai yanki rabonsa, abin da zai rage na muryarka ba shi da yawa. Guda ɗaya ya isa.

A waya zancen gajere ne. Ba gem ɗin izinin makirufo a saiti. Daga Android 12 akwai maɓallin da ke toshe makirufo ga kowa da kowa a jerin da ake jawowa daga sama, da koren ɗigo da ke nuna ana amfani da shi. A iPhone ɗigon ruwan lemo ne tun iOS 14. Kira, ko manhajar naɗar allo, na iya riƙe makirufon su hana gem.

Sai amsa-kuwwa, mai haɗa abokai faɗa. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani, amma a nan abin ya ɗan juya. Idan kana jin muryarka tana dawo maka, kusan kullum ba daga wurinka ba ne. Muryar ta je ta fito daga lasifikar wani, ta sake shiga makirufonsa, ta dawo. Wato wanda ke haddasa ta shi ne kaɗai ba ya jin ta, kuma shi zai fi kowa rantsuwa cewa nasa lafiya. Ku riƙa kashe makirufo ɗaya bayan ɗaya. Wanda ya kashe ta ɗauke, shi ne. Ya sa hedfon, ko ya rage sauti. Idan kai kaɗai ne a ɗakin hira kuma kana jin kanka, koma Properties ka cire alamar Listen to this device, ka kuma tabbatar ba Stereo Mix ka zaɓa a matsayin makirufo ba, don shi duk abin da kwamfutar ke fitarwa yake turawa. Ƙugi mai kauri da ba ya yankewa kuwa na lantarki ne. Cire cajar laftof ka ji ko ya tafi, ko ka bar kafar gaban kwamfuta ka koma ta baya.

Muryar da ke kakkaryewa kamar ta mutum-mutumi ba ta makirufo ba ce, ta intanet ce. Murya ba ta cin data mai yawa, ɗakin Discord na yau da kullum kilobit 64 ne a daƙiƙa. Abin da ba ta jurewa shi ne ɓacewar ƙunshin saƙo a hanya, domin ba a tsayawa a sake turo abin da ya faɗi, wucewa ake yi. Tsayar da duk abin da ke loda fayil a bayan fage, kuma idan da hali ka bar Wi-Fi ka ja kebul daga rauta. Idan wasu na jinka wasu ba sa ji, duba nau'in NAT, wato yadda rautarka ke barin na'urarka ta haɗu da ta wasu, a gwajin netwok. Xbox yana nuna Open, Moderate ko Strict, PlayStation kuma 1, 2 ko 3. Strict da 3 su ne masu hana haɗuwa da wasu 'yan wasa. Kunna UPnP a rauta, wato saitin da ke barin na'ura ta buɗe wa kanta hanya, ka sake tayar da ita.

Duk an bi an duba, har yanzu shiru? Jona hedfon a wata na'ura ka gwada. Idan can ma bai yi ba, yanzu kana da hujjar sauya shi. Idan ya yi, sake girka direban sauti, sannan ka leƙa asusunka. Asusun yara yakan zo da hirar murya a kulle, kuma Xbox yana da saiti na musamman na magana da masu buga wasa daga wasu na'urori. Akwai kuma yiwuwar gem ɗin ne da kansa ya rufe maka baki saboda ƙorafin da aka kai a kanka. Tun 2023 Call of Duty ke amfani da ƙirƙirarriyar basira wajen sa ido kan abin da ake faɗa a hirar murya. Idan wannan ne, yawanci za ka tarar da sanarwa a cikin gem ko a imel, kuma babu saitin da zai buɗe shi, sai dai ka ɗaukaka ƙara ko ka jira wa'adin ya cika.