Cathy O'Donnell: Jarumar da Aure Ya Raba da Kwantiraginta

Jama'a masu sauraro, barkanmu da wannan lokaci. Sharhinmu na yau kan Cathy O'Donnell ne, 'yar fim ta Amurka da tauraruwarta ta haska bayan Yaƙin Duniya na Biyu, ta kuma dushe da wuri.

Sunanta na yanka Ann Steely, an haife ta a jihar Alabama a 1923. Samuel Goldwyn, ɗaya daga cikin manyan masu shirya fim a Hollywood, shi ya ɗauke ta aiki. Aka canza mata suna, aka sa ta koyon magana har ta bar karin harshen mutanen Kudancin Amurka. A wancan zamani, ɗan wasa sai yadda kamfani ya yi da shi.

A 1946 ta fito a fim ɗin The Best Years of Our Lives, wanda William Wyler ya ba da umarni, labarin sojoji uku da suka dawo gida daga fagen daga. Ɗayansu, Homer, ya dawo babu hannuwa, sai ƙugiyoyin ƙarfe. Harold Russell da ya hau wannan matsayi, da gaske ya rasa hannuwansa biyu a 1944, sa'ad da nakiya ta fashe a wurin atisaye. Cathy ce Wilma, 'yar maƙwabta da suka yi alkawarin aure tun kafin ya tafi.

Akwai wani wuri a fim ɗin da Homer ya kira ta ɗakinsa da dare, ya cire ƙugiyoyin a gabanta domin ta ga abin da za ta aura. Ya gaya mata cewa da zarar ya cire su, ko ƙofa ce ta rufe ba zai iya buɗewa ba. Ba ta yi kuka ba, ba ta kawar da kai ba. Ta matso ta saka masa maɓallan rigar barcinsa, ta ja masa mayafi. A ganina wannan shi ne aiki mafi wuya a fim ɗin baki ɗaya, domin da ta nuna tausayi ya yi yawa, da ta wulaƙanta shi, da ta nuna ko a jikinta, da babu mai yarda da ita. A shekarar nan gidaje da yawa a Amurka suna da irin Homer, kuma matansu na cikin masu kallo.

Fim ɗin ya ci kyautar Oscar 7. Russell ya tafi da biyu, ɗaya ta wasa, ɗaya ta karramawa, kuma ya cancanta. Cathy ko sunanta bai shiga jerin 'yan takara ba.

A watan Afrilun 1948 ta auri Robert Wyler, yayan William Wyler. Lokacin William ya riga ya bar kamfanin Goldwyn, ba sa ga maciji da juna. Goldwyn ya fusata, ya soke kwantiraginta. Wannan zalunci ne, jama'a. Rigimar manyan maza biyu ce, amma yarinya 'yar shekara 24 aka huce a kanta, don kawai ta zaɓi mijin aurenta.

Ba ta bar wasa nan take ba. Ita ce jaruma a They Live by Night tare da Farley Granger, ta fito a Detective Story a 1951, da The Man from Laramie a 1955. Sai dai babu babban kamfani da ke tsaya mata, ayyukan suka riƙa raguwa. Fim ɗinta na ƙarshe shi ne Ben-Hur na 1959, inda ƙanen mijinta William ya ba ta matsayin Tirzah, ƙanwar jarumin da ta kamu da kuturta a kurkuku. Daga nan sai 'yan fitowa a talabijin, ta tsaya a 1964.

Ta rasu ranar 11 ga Afrilun 1970 tana da shekara 46, ranar da aurenta da Robert ya cika shekara 22.